Mun iso gabas, sai kuma me?

Sale Direba (Jidda): Assalamu alaikum jama'ar zaure. Ku yi haƙuri, yau ba cigiyar aiki na zo yi ba, ba kuma farashin canji nake tambaya ba. Wata magana ce take cina a rai tun bayan Babbar Salla, na rasa wanda zan gaya wa. A 2011 na shigo ƙasar nan, Saudiyya, da bizar direban gida. Da zan taho na ce wa mahaifiyata shekara 2 zan yi, in sami kuɗin mota in koma in riƙa jigila tsakanin Kano da Ɗambatta. Yau shekara 14 ke nan. Mahaifiyar ta rasu ina nan, a waya na ji. Na gina gida mai ɗaki 4, amma in aka haɗa duk hutun da na je, ban kwana 100 a cikinsa ba. Watan jiya aka ɗaura auren 'yata ta fari. Ina zaune cikin mota a bakin wani kanti ina jiran uwar gida, ƙanena ya ɗaga min waya ina kallon masallacin unguwarmu ta bidiyo. Aka shafa fatiha, ni ma na shafa, ban sauke hannu ba sai ga yaron kanti yana ƙwanƙwasa gilashi wai in buɗe but a zuba kaya.

Ba kuka da kafilina, wato maigidan da ya ɗauko ni aiki, nake ba, mutumin kirki ne, albashina bai taɓa wuce 5 ga wata ba. Amma tun da aka bar mata su yi tuƙi a 2018, 'yan matan gidan biyu suka yi lasin, aikina ya koma kai tsohuwa asibiti da ɗauko gas da ruwa. Sauran yinin ina ɗakina na bakin ƙofa, daga ni sai waya. In na kwanta sai in ce, Sale, wai ina ka dosa? Ci, barci, tura kuɗi. Shi ke nan abin da ya kawo ka duniya? Don Allah wanda ya taɓa shiga irin wannan hali ya gaya min yadda ya yi.

Garba Tela: Wa alaikumus salam. Sale, ƙoshi ne yake damunka, wallahi ba wani abu ba. Kana da ɗaki kyauta, sanyi kyauta, albashi kan kari, shi ya sa ka sami sararin tambayar ina ka dosa. Zo ka karɓi kekena sati ɗaya. Tun da aka rushe unguwar Sabil ta Jidda a 2022 shagona ya tafi, masu kawo min ɗinki suka watse, wasu Makka, wasu bayan gari, wasu gida. Yanzu a ɗakin haya nake ɗinki, ƙafata ɗaya a kan keke ɗaya a kan katifa. Wanda yake lissafin kuɗin sabunta igama, takardar izinin zama, ba ya tambayar me ya kawo shi duniya.

Malam Nura (Madina): Allah ya yaye maka, Malam Sale. Amsar tambayarka Allah da kansa ya ba da ita a Suratuz Zariyat, aya ta 56, inda ya ce bai halicci aljanu da mutane ba sai don su bauta masa. Wannan ita ce manufa, sauran duk hanya ce. Kuma hadisin farko da ake koya wa ɗalibi shi ne ayyuka suna tare da niyya. Ka gyara niyya, tuƙin nan naka zai zama ibada.

Sale Direba (Jidda): Allah ya gafarta Malam, na gode. Ayar na san ta tun ina makarantar allo, kuma salla ba ta wuce ni, masallaci yana bayan gidan da nake. Amma ina dawowa daga masallacin abin yake dawowa tare da ni. Ban ce babu amsa ba, na ce ban ji ta a jikina ba.

Hajiya Balaraba (Shara Mansur): Jikata ce take rubuta min, ni idona ba ya ganin ƙananan rubutun nan. Ɗana Sale, tambaya ɗaya zan yi maka, ka faɗi tsakaninka da Allah. Yaushe rabonka da ɗawafi?

Sale Direba (Jidda): Hajiya kin kama ni. Azumin bara waccan.

Hajiya Balaraba (Shara Mansur): To ka ji. Shekara 31 ina tuƙa tuwo ina sayar wa alhazai a nan Makka. Na ga tsohon da ya sayar da gonar gado ya zo, yana cin tuwona yana hawaye wai yau ya ga Ka'aba. Kai tsakaninka da ita tafiyar awa ɗaya a mota, motar ma kai ke tuƙawa. Ba gori nake maka ba, mu ma nan da muke jin kiran sallar Harami daga ɗaki haka muke, sai a yi wata ba a leƙa ba. Abin da yake kusa shi ido yake raina wa.

Garba Tela: Hajiya a bar maganar ɗawafi, har yanzu kina yin miyar kuka ranar Alhamis?

Hajiya Balaraba (Shara Mansur): Kai Garba ka fara biyan na wancan watan tukuna.

Usman Abu Mu'az (Riyad): Salamu alaikum ya jama'a. Ni baƙo ne a zauren nan, wata 5 da shigowata ban taɓa magana ba. Hausata ta Sudan ce, ku yi haƙuri da ita. Ɗan'uwa Sale, maganarka ta hana ni barci, domin ta tuna min da kakana.

Shi daga ƙasar Haɗeja ya fito yana saurayi, a ƙafa, da niyyar hajji. Ya bi ta Yarwa, Fallomi, Abashe, ya shigo Sudan ta Janaina. Duk inda guzuri ya ƙare sai a yada zango, a yi noma damina ɗaya ko biyu, a ƙara gaba. Da ya iso Jazira ya tarar an gama madatsar Sinnar, wadda aka kammala a 1925, ana neman hannu a gonakin auduga. Ya ce bari ya yi kaka ɗaya ya tara kuɗin jirgin ruwan Sawakin zuwa Jidda. Kaka ɗayan nan ita ta zama shekara 50 da ɗoriya. Ya yi aure, ya haifi 9, ya rasu a wani ƙauye kusa da Madani bai ga Ka'aba ba. Amma har ya koma ga Allah, in ka ce masa Baba yaya zaman gari, sai ya ce wane zama, ai muna kan hanya. Bai taɓa yarda an yi masa ginin bulo ba, wai matafiyi ba ya gini. Akwai wata jakar fata a rataye a ɗakinsa, cikinta fararen yadi biyu na harami. Duk shekara in watan aikin hajji ya kama, kakata za ta fito da su ta wanke ta shanya saboda asu, ta ninke ta mayar. Da su aka yi masa likkafani.

Kuma ba shi kaɗai ba ne. Mutanen Maiwurno da ke bakin Nilul Azraƙ kusa da Sinnar haka asalinsu yake. Bayan yaƙin Burmi a 1903, inda aka kashe Sarkin Musulmi Attahiru, ɗansa Muhammadu Bello Mai Wurno ya ci gaba da tafiya da sauran jama'a har suka kafa garin da ke ɗauke da sunansa zuwa yau. Mutanen nan alƙiblarsu ɗaya ce, gabas. Ba su da igama, ba su da albashi, amma ba wanda ya taɓa kwana yana tambayar ina ya dosa.

Ni jikansa kuwa, dare ɗaya na yi a jirgin ruwa daga Sawakin na sauka Jidda. Sati bai cika ba na yi umra. Abin da tsohon nan ya nema shekara 50, na same shi cikin kwana 6. Na fito daga Harami da askina sabo, na zauna a bakin titi ina shan ruwa, sai na ji hannuna wayam. Na ce to, Baba, mun iso gabas. Sai kuma me? Har yau ban san ko kakana asarar rayuwarsa ya yi yana jiran abin da bai zo ba, ko kuwa shi ne ya fi mu duka sanin abin da yake yi.

Ummu Rayyan (Makka): Subhanallah. Kawu Usman ka sa ni kuka. Kakata ma ta Sudan ta biyo, amma ita Allah ya nufa ta iso.

Garba Tela: Malam Usman, Allah ya jiƙan tsoho. Amma kai me ya fito da kai, hajjin ne ko yaƙi?

Usman Abu Mu'az (Riyad): Yaƙi, ya zol. Shekara 17 ina koyar da lissafi a Madani. Da faɗa ya tashi a Khartum ranar 15 ga Afrilun 2023, mu ne muka karɓi mutane, ajinmu ya zama ɗakin kwana. A Disamba kuma abin ya iso kanmu, muka gudu Gadarif da kayan jikinmu. Nan ne abin da zan faɗa zai ba ku mamaki. Wata 8 na yi a wata makaranta da aka tara masu gudun hijira. Ba albashi. Abinci daga takiyya, wato tukunyar da matasan unguwa suke ɗorawa da kuɗin da 'yan'uwa na waje suke turowa, yau adas gobe balila. Na ga yara suna yawo ba karatu, sai na tara su a gindin bishiya, ina rubutu da gawayi a jikin katanga. Daga 11 suka kai 60 da wani abu. Wallahi a watannin nan ban taɓa farkawa na rasa abin da na tashi yi ba. Yanzu ina Riyad, ina karɓar kuɗi a shagon kayan mota, ina ci ina ƙoshi, iyalina suna samun abin da nake turawa, amma ciwon Sale shi ne ciwona.

Garba Tela: Wato yaƙi ya fi zaman lafiya ke nan?

Usman Abu Mu'az (Riyad): A'uzu billahi. Kada Allah ya nuna wa ko maƙiyinka. Abin da nake nufi, a can ina ganin fuskar wanda aikina yake isa gare shi. Yaro ya gane rabawa, in ga idonsa ya buɗe. A nan ina tura kuɗi ta waya, sai saƙo ya shigo cewa an karɓa. Shi ke nan fuskar da nake gani.

Injiniya Bashir (Jubail): Na karanta duka. Ku yi min afuwa, zan faɗi abin da ba zai yi daɗi ba. Labarin kakan Malam Usman yana da taɓa zuciya, amma ni ba zan so ɗana ya yi irin rayuwarsa ba. Shi da Sale cutarsu ɗaya: niyya ba wa'adi. Kaka ɗaya ta zama 50, shekara 2 ta zama 14. Sale, kai ba rasa manufa ka yi ba. Manufarka ta cika tun tuni ba ka lura ba. Mota ka zo nema, ka samu har da gida. Aikin da ya kawo ka ya ƙare, kai kuma ba ka tashi ba, ba ka kuma ɗaura wata niyyar ba. Dole ka ji kanka kamar wanda ya zauna a tasha bayan motarsa ta iso.

Kuma na san abin da yake riƙe mu, domin ni ma ya riƙe ni. Riyal a ɗaure yake da dala, 3.75 ba ya motsi. Naira kuwa tun da aka sake ta a Yunin 2023 kowa ya ga yadda ta yi. Duk sanda ka buga albashinka da naira sai ka ga ya kumbura, sai ka ce wane mahaukaci ne zai bar wannan, bari in ƙara shekara. Ba ka lissafa cewa buhun shinkafar can ma ya kumbura, kai kuma shekararka ɗaya ta tafi ba canjin da zai dawo da ita. A da ni da iyalina muke nan. Da kuɗin da ake biya wa kowane mutum da ke ƙarƙashin igamarka ya kai riyal 400 a wata a Yulin 2020, na buga: mata da yara 4, dubu 24 a shekara. Na mayar da su Kaduna. Ranar da na dawo daga filin jirgi na shiga gida shiru, na ɗauki takarda na rubuta abu 3 da nake nema a ƙasar nan da ranar da zan bar ta. Tana manne a jikin firij. Biyu sun samu, saura ɗaya, saura wata 19.

Malam Nura (Madina): Injiniya, a yi hattara da wannan lissafin. Kana naka Allah yana nasa. Wa ya ce maka tsohon nan ya yi asara? Wanda ya fito da niyyar hajji ya mutu a hanya, muna kyautata zaton ladansa yana wurin Allah. Kuma duba abin da irin tafiyar nan ta haifar. Shaikh Umar Fallata a hanyar hijirar iyayensa aka haife shi, dab da Makka, ya zo ya shekara da shekaru yana karantarwa a Masallacin Annabi, ya shugabanci Darul Hadis ta Madina, ya rasu a 1999. Da iyayensa sun zauna lissafin wa'adi da ba su fito ba.

Injiniya Bashir (Jubail): Malam, ai iyayensa sun iso, shi ne bambancin. Kuma ku ne kuka koya mana hadisin ɗaure raƙumi sannan a yi tawakkali. Takardar firij ɗina igiyar raƙumi ce.

Malam Nura (Madina): Wannan gaskiya ne, na karɓa. Abin da nake tsoro shi ne mutum ya ɗauka sai ya yi wani babban abu sannan zamansa ya yi amfani. Matar nan da take share masallacin Annabi, sallallahu alaihi wa sallam, da ta rasu sahabbai ba su ma sanar da shi ba, sun ga kamar ba wata ba ce. Da ya ji sai ya ce a nuna masa kabarinta, ya je ya yi mata salla. Shara ce fa aikinta.

Garba Tela: Injiniya yana da firij ɗin manna takarda. Ni in na rubuta ranar tafiya a ina zan manna, a goshi? Ku masu manyan albashi kuna magana kamar kowa ne yake da zaɓi. Akwai wanda bashin ejan da ya kawo shi ma bai gama biya ba.

Injiniya Bashir (Jubail): Ban musa ba, Malam Garba. Wanda yake cikin bashi manufarsa a fili take, ya fita daga bashin. Da Sale nake, shi da ya riga ya fita.

Ɗanlami (Makka): Ni dai ku bar ni da gaskiyata. Shekara 9 ina tura alhazai a keke, Safa da Marwa sau 7, sama da kilomita 3 duk mutum ɗaya, wata rana in yi mutum 5. Kafin kekunan lantarki su yi yawa ke nan. Wallahi ban taɓa tura kowa don lada ba, riyal nake hange. Tsohuwa tana addu'a tana kuka, ni ina lissafin saura zagaye nawa. To Malam Nura, ni ina matsayina?

Malam Nura (Madina): Riyal ɗin me kake yi da shi?

Ɗanlami (Makka): Marayun yayana 5 da uwarsu, sai nawa 3.

Malam Nura (Madina): To ai ka amsa da bakinka. Ciyar da iyali sadaka ce in an nufi Allah da ita. Ƙara niyyar kawai za ka yi, ba a biyan ko halala, kwabon Saudiyya.

Ɗanlami (Makka): Kash, shekara 9 ina zubar da lada a ƙasa ba wanda ya gaya min. Gwiwar ma yanzu ta ƙi.

Auwalu: Salam, don Allah nawa riyal yake yau?

Shugaban zaure: Auwalu, akwai zauren canji daban. Nan magana ake.

Ummu Rayyan (Makka): Ina so in ce wani abu, Hausata ba ta da ƙarfi sosai, a gida kawai muke yi da Inna. Kawu Usman ya ce mun iso gabas sai me. To mu ne amsar, ko mu ne tambayar, ban sani ba. A Makka aka haife ni, aka haifi babana. Ban taɓa ganin Nijeriya ba. Sunanmu Hausawi, kuma ba mu ɓoye ba ne a ƙasar nan, kyaftin ɗin Saudiyya a gasar kofin duniya ta Rasha a 2018 Usama Hausawi ne, ɗan Makka. Amma ina ƙarama in Inna ta yi min Hausa a gaban 'yan makarantarmu sai in yi kamar ban ji ba. Na yi karatun jinya don aiki ne mai albashi, ba don komai ba.

Hajjin 2024, wanda zafi ya kashe mutum sama da 1,300, ina cikin ma'aikatan da aka tura Mina. Aka kawo wani tsoho jikinsa kamar garwashi, ba ya jin Larabci ba ya jin Turanci, yana ta fizge ruwan da ake sa masa. Likita ya gaji. Na ji yana cewa ku bar ni, ku bar ni. Ban san sanda na ce sannu Baba, kwanta, ruwa ne kawai za mu sa maka ba. Ya tsaya cak. Ya kalle ni cikin niƙabi da kayan aiki, ya ce 'yar nan, 'yar wace gari ce ke? Na ce 'yar nan garin. Ya riƙe hannuna bai saki ba har ruwan ya ƙare, yana ba ni labarin shanunsa. Daga ranar duk wanda aka kawo baƙar fata ba ya jin Larabci sai a ce a kira Hausawiyya. Ban canza aiki ba, albashi bai ƙaru ba. Amma yanzu ni nake zama kusa da Inna ina tambayarta sunan abubuwa, yaya ake cewa jiri, yaya ake cewa ƙirjina ya riƙe.

Hajiya Balaraba (Shara Mansur): Allah ya yi miki albarka 'yata. Ki gaida Innarki, ki ce ta zo ta ci ɗanwake.

Maman Ilham (Jidda): Na yi shiru ina karantawa tun jiya, sai yanzu na gama aiki. Ni aikatau nake a wani gida, shekara 6, 'ya'yana suna wurin mahaifiyata a Zinder. Duk kun yi magana mai kyau, aya, hadisi, lissafi, tarihi. Amma ba wanda ya tambayi abu ɗaya. Yaya Sale, matarka fa? Shekara 14 tana zaune ita ma. Ita ta yi jinyar mahaifiyarka, ita ta aurar da 'yar, ita take tashi in yaro ya yi zazzaɓi da dare. Ka taɓa tambayarta ita me take so? Ku maza in abu ya dame ku sai ku zo zaure ku tambayi mutum 200, wadda abin ya fi shafa ba ta sani ba. Ni da nake nesa da nawa na san abin da kuɗi yake iya yi da wanda ba ya iyawa. Ilham ta fara al'ada bara, maƙwabciya ce ta zaunar da ita ta yi mata bayani. Na turo kuɗin atamfa. Zuwa da kai ya fi aike, ba tun yau aka faɗa ba.

Garba Tela: To fa. An zo wurin.

Injiniya Bashir (Jubail): Wallahi ta fi mu gaskiya. Ni ma takardar firij ɗin ni kaɗai na rubuta ta.

Maman Ilham (Jidda): Kuma kada wani ya ce in haka ne ni me ya hana ni komawa. Uban 'ya'yana ya rasu, ba gida ba gona. Ni na san abin da nake yi a nan, ɗaki biyu nake ginawa, an kai linta. Ana rufi zan tafi ko da ba fenti.

Sale Direba (Jidda): Salam jama'a. Ku gafarce ni da na ɓace kwana biyu. Maman Ilham, maganarki ce ta hana ni sakat, shekaranjiya da dare na kira uwar ɗakina. Da ma hirarmu ba ta wuce an karɓi saƙo, wane ne ba lafiya, nawa ne kuɗin makaranta. Na ce mata yau ba maganar kuɗi ba ce, ke me kike so? Ta yi shiru har na ɗauka layi ya yanke. Sai ta ce, Alhaji, lafiya kake kuwa? Na ce lafiya lau. Ta ce ita ba ta taɓa zaton za a tambaye ta ba, in ba ta kwana ɗaya.

Jiya ta kira. Ta ce gida ya gama ginuwa tun 2019, ita ba ta roƙi bene ba. Ta ce babban ɗanmu namiji, mai shekara 17, ya daina zuwa makaranta tun bayan ƙaramar salla, yana bin wani mai Adaidaita Sahu, kuma ya fara zancen a nema masa biza ya zo Saudiyya kamar babansa. Sun ɓoye min don kada hankalina ya tashi. Sannan ta ce, amma fa kada in zo da zafin kai in ajiye aiki, akwai yara 3 a makaranta, kuma ta ga yadda waɗanda suka dawo ba shiri suka ƙare. Wato ta ce in dawo, ta kuma ce kada in dawo. Na kira yaron. Alhaji yake ce min, ba Baba ba, yadda yake ce wa maƙwabcinmu. Na tambaye shi me yake so ya zama, ya ce duk abin da ake samun kuɗi.

Igamata za ta ƙare a Rajab. Ban yanke komai ba. Abin da na yi niyya shi ne in roƙi kafil hutun wata 3 maimakon ɗaya, in je in zauna in ga gidan da idona, in shiga motar nan da yaron yake bi in ga me yake gani a ciki. In na dawo sai in san ko takardar Injiniya zan rubuta. Hajiya, na yi umra daren jiya bayan na sauke tsohuwa, na yi wa kakan Malam Usman addu'a a Marwa duk da ban san sunansa ba.

Usman Abu Mu'az (Riyad): Sunansa Idi. Allah ya saka maka da alheri, ɗan'uwa.

Malam Nura (Madina): Allah ya karɓa, ya shirya mana zuri'a.

Garba Tela: In za ka tafi akwai ɗinkin da zan ba ka ka kai Fagge, kilo 4 ne kawai. Kuma har yanzu ina nan kan bakana, ƙoshi ne.

Usman Abu Mu'az (Riyad): Ɗan'uwa Sale, tunda kana Jidda, in ba zan takura maka ba. Ɗan ƙanwata zai sauka daga jirgin Sawakin ranar Juma'a da mahaifiyarsa, za a duba mata ido. Bai taɓa fita Sudan ba, ni kuma mai shago bai ba ni izini ba sai Lahadi. Ko akwai wanda zai tare su a tashar jirgin ruwa ya kai su masauki?

Sale Direba (Jidda): Juma'a bayan la'asar ina da sarari. Turo min sunansa da hotonsa ta gefe. Motar ta kafil ce, sai na tambaye shi tukuna, in ya hana mu hau tasi. Suna jin Hausa ko sai Larabci?

Usman Abu Mu'az (Riyad): Uwar tana ji sarai. Yaron sai a hankali.